Injin ƙyanƙyasa mai cin ƙwai 56: kwali ya ce casa'in da wani abu, lissafi ya ce rabi

Injin ƙyanƙyasar ƙwai na roba, ƙirar ƙasar Sin, mai ɗaukar ƙwai 56, ya shiga hannun masu ƙaramin kiwo da dama a Damagaram. Wasu a shagunan kayan wuta suke saye, wasu kuma ɗan'uwa ke taho musu da shi daga Kano. Sunan da ke jikin kwali yakan bambanta, amma cikin kusan ɗaya ne: faranti mai layi 7, kowane layi gurbi 8, ƙaramin moto da ke karkata ƙwan duk bayan awa 2, fanka da wayar ɗumama a jikin murfi, kwaroron zuba ruwa a ƙasa, sai allo mai nuna zafi da danshi da adadin kwana. Yana cin wajen wat 80 in yana ɗumamawa. Akwai mai aiki da kuran, wato wutar lantarki, na gari kaɗai, akwai mai baki biyu wanda ake iya maƙala wa batir mai bolt 12. A garin nan mai baki biyun ne abin saye, dalili zai zo a gaba.

Injin ba shi da laifi a kuɗinsa. Yana riƙe zafi, yana juya ƙwai ba gajiya, yaro mai hankali ma zai iya kula da shi. Matsalar tana jikin kwali da bakin mai shago, inda ake cewa yana ƙyanƙyashe kashi casa'in da wani abu cikin ɗari. Mai saye sai ya ƙirga 'yan tsaki hamsin da ɗoriya a ransa tun bai fita shagon ba, ya kasafta kuɗinsu, har ya ci bashin dusa a kai. Kwana 21 na cika ya ga talatin da 'yan kai, bayan wata biyu ya ga ashirin da wani abu a akurki, sai ya ce an sayar masa da jabu. Sau da yawa ba jabu ba ne. Lissafin ne tun farko ba a yi shi ba.

Ƙofa uku ƙwai ke ratsawa kafin ya zama kazar da za a kai kasuwa, kuma injin ƙofa ɗaya kaɗai yake tsaro. Ta farko, ko ƙwan yana da ɗa a ciki, wato zakara ya taka uwarsa kuma bai lalace a ajiya ba. Ta biyu, ko mai ɗan zai fasa ya fito. Ta uku, ko ɗan tsakon zai rayu har mako 8. Kowace ƙofa tana da kasonta, kuma ba tara su ake yi ba, ba kuma tsakiyarsu ake ɗauka ba. Kowane kaso ana cire shi ne daga abin da na gabansa ya bari, kamar yadda malamin rabon gado ke fitar da bashi da wasiyya tukuna kafin ya zo kan sumuni da sudusi.

Mu sa lambobi na misali, kai kuma ka musanya su da naka. A ce ƙwan da aka tsinto a Kasuwar Dole ranar Alhamis ko a Mirya ranar Lahadi, uku cikin huɗu ne masu ɗa. 3/4 na 56 ya ba da 42. A ce injin ya yi aiki mai kyau, biyar cikin shida na masu ɗan suka fasa: 5/6 na 42 ya ba da 35. A ce huɗu cikin biyar suka tsallake sanyi da zawo da bakin ɓera: 4/5 na 35 ya ba da 28. In kana son ka yi shi a numfashi ɗaya, buga na sama da na sama, na ƙasa da na ƙasa: 3 sau 5 sau 4 sittin ke nan, 4 sau 6 sau 5 ɗari da ashirin. 60/120, rabi cif. Dubi kasafin ɗaya bayan ɗaya, babu wanda zai tayar wa mutum da hankali, mafi ƙanƙanta ma 75 cikin 100 ne. Amma da aka haɗa su, rabin ƙwan ya tafi. In kuma 'yan mata kake nema don su yi maka ƙwai, ka sake rabawa biyu, domin kusan rabin abin da ya fito zakaru ne: 14 daga 56.

Wannan 28 ɗin ba alkawari ba ne ga kowane zubi. Matsakaici ne, abin da za ka gani in ka yi zubi da yawa ka tara ka raba. Ko komai bai canza ba, sa'a kaɗai tana kai shi sama da ƙasa. Ga ƙwai 56 da kowane ke da rabin damar kaiwa, faɗin wannan lilo ana samun sa ta buga 56 sau 1/2 sau 1/2, a sami 14, a nemi lambar da in an buga ta da kanta za ta ba da 14, wato kusan 3.7. Ma'anarsa, wajen zubi biyu cikin uku za su faɗa tsakanin 24 da 32, kuma da wuya a fita daga tsakanin 21 da 35. To wanda ya samu 33 wannan wata ya samu 24 wata mai zuwa, kada ya kama kwance injin ko ya sauya mai kawo masa ƙwai. Babu abin da ya ɓaci. Wanda ya faɗo 12 shi ne ya kamata ya bincika.

Binciken kuwa a ɗaki mai duhu ake fara shi. Daren kwana na 7, ka ɗauki tocila mai ƙarfi, ko ta waya ce, ka naɗe bakinta da tafin hannu, ka ɗora faffaɗan gefen ƙwan a kai. Mai ɗa za ka ga jijiyoyi ja sun bazu kamar saƙar gizo-gizo, da ɗan baƙin ɗigo a tsakiya da ke lilo in ka ɗan juya. Wanda babu komai haske ke ratsa shi tas, sai inuwar gwaiduwa. Wanda ya fara ya mutu, zobe ja za ka gani zagaye da ciki, babu jijiya. Ka ƙirga kowane iri ka rubuta, ka fitar da marasa ɗa da matattu, don baragurbi in ya fashe a cikin ɗumi sai ya gurɓata sauran, warinsa kuma ya kwana uku a ɗakin. Kada murfin ya daɗe a buɗe. Layi-layi ake fitowa da su. Daga wannan dare ka mallaki kasonka na farko, na gaskiya, ba na misali ba. Ka maimaita a kwana na 18, sannan bayan ƙyanƙyasa ka fasa waɗanda ba su fito ba a waje, nesa da hanci. Wanda bai yi wannan ba, bai san ƙofar da ke cinye masa ƙwai ba, kuma duk laifin kan injin zai ɗora shi.

Ƙofar farko ita ce ta fi cutar mutane a nan, kuma injin ba ruwansa da ita. Ƙwan kasuwa ba ka san ranar da aka saka shi ba. Ya kwana nawa a ɗaki mai rufin kwano, ya sha girgiza a bayan kabu-kabu, ya yini a rana cikin ƙwarya. Ɗan da ke cikin ƙwai yana fara motsi da zarar zafi ya wuce digiri ashirin da 'yan kai, to a ɗakin da ya kai 35 ya fara girma ke nan a gurguje, ya tsaya, ya mutu tun kafin ya ga injin. Ƙwan da za a zuba kada ya wuce kwana 7, a ajiye shi tsininsa ƙasa, a wuri mafi sanyi a gidan. Gindin randa bisa yashi mai ɗan laima ya fi ko'ina. Ba a wanke shi, mai kashi da yawa da mai tsaga a kai su kicin. Zakara ɗaya lafiyayye ga kaji 8 zuwa 10.

Nan ne ake tambaya: a sayi ƙwai mai tsada wurin mai kiwon da aka sani, ko a tsinci na araha? Mu ce na kasuwa dala 20 ne ɗaya, sefa 100, na mai kiwo dala 30, sefa 150, amma tara cikin goma masu ɗa ne. Sabon lissafi: 9/10 sau 5/6 sau 4/5 ya ba da 180/300, wato 3/5, kuma 3/5 na 56 shi ne 33.6. Kada rabin kaza ya dame ka, matsakaici ne. An ƙaru da 5.6. Kuɗin ƙwai ya tashi daga sefa 5,600 zuwa 8,400, ƙarin 2,800. In abin da ɗan kaza mai mako 8 ke bar maka bayan an cire abinci da magani sefa 750 ne, 5.6 sau 750 ya ba da 4,200. Ka ba da 2,800 ka karɓi 4,200, cinikin ya yi. Har ma za ka iya sanin inda za ka tsaya a tayi: raba 4,200 da 56, sefa 75 ke nan bisa kowane ƙwai. Duk abin da ya wuce dala 35, sefa 175, a bar masa kayansa.

Yanzu maganar kuran, wadda ita ce ta raba injin mai baki ɗaya da mai baki biyu. Ɗauke wuta na awa ɗaya ko biyu ba ya kashe ƙwai, kaza ma tana tashi daga kwanci ta je ta yi kiwo ta dawo. Mai ɓarna shi ne na dogon lokaci, musamman daren hunturu da zafin gari ke sauka ƙasa da digiri 15, ko kwanakin ƙarshe da fanka ta tsaya 'yan tsaki na neman iska. A ce damar samun irin wannan a kowace rana ɗaya ce cikin ashirin. Mutum zai ji ya ce ai kaɗan ne. Amma ba rana ɗaya kake buƙata ba, kwana 21 a jere kake buƙata. Damar tsallake rana ɗaya 19/20 ce, wato 0.95. Buga 0.95 da kansa har sau 21 a kalkuletar waya, za ka ga 0.34. Sulusi. Zubi ɗaya cikin uku ne kaɗai zai wuce lami lafiya. Ko da damar ɗaya ce cikin hamsin, amsar 0.65 ce, ɗaya cikin ɗari, 0.81. Ga zabi da ke kwana 28, ɗaya cikin ashirin ɗin nan yana komawa 0.24, bai ma cika rubu'i ba. Lissafin ya ɗauka kowace rana zaman kanta take, alhali ɗauke wuta yakan zo a jere lokacin zafi, saboda haka wata guda zai fi wannan muni, wani kuma ya fi shi sauƙi. Amma a tsawon shekara hoton bai sauya ba.

Mu ce in hakan ta faru rabin zubin ke lalacewa. Abin da za a sa rai shi ne sulusin 28 a haɗa da kashi biyu cikin uku na 14: kowane ya ba da 9.3, jimla kusan 19. Da batir, a ce hatsarin ya sauka zuwa zubi ɗaya cikin goma: 9/10 na 28 shi ne 25.2, 1/10 na 14 shi ne 1.4, jimla 26.6. Bambancin wajen kaji 8 ne a kowane zubi, sefa 6,000 a farashinmu na misali. Batir na jikka 60, sefa 60,000, zai biya kansa a zubi 10. Girmansa kuma ana auna shi: wat 80 a raba da bolt 12, kusan amfa 6.7. Batir mai amfa-awa 100 irin na dalma ba a shanye shi fiye da rabi in ana son ya daɗe, to 50 a raba da 6.7, wajen awa 7 da rabi in injin na ɗumamawa ba tsayawa. A zahiri ya fi haka, don wayar ɗumamawa tana kunnawa tana kashewa, ballantana in an bar injin cikin farin soson da ya zo da shi a kwali. Wannan soso, wanda yara ke farfasawa ranar farko, shi ne bargonsa na hunturu. A ajiye shi. Tsohon batirin mota da ya gaji ba zai kai ko rabin wannan lokaci ba, kuma zafi na rage wa kowane batir kwana, kada a ajiye shi a rana. Akwai injin da ke komawa kan batir da kansa, akwai wanda sai an maƙala da hannu. A tambaya, domin ƙarfe uku na dare babu mai maƙalawa.

Babban aibin injin, wanda batir ba ya magani: ɗumamawa kaɗai ya iya, bai iya sanyayawa ba. Ƙwan kaza na son digiri 37.5 zuwa 37.8. A Afrilu da Mayu zafin Damagaram yana wuce 40 a inuwa, ɗaki mai rufin kwano ya fi haka, ga shi ƙwan da ya haura mako biyu yana fitar da nasa ɗumin. Allo zai nuna 39, ya nuna 40, ƙararrawa na ta ihu, injin kuma ba abin da zai iya. Irin wannan zafi in ya daɗe yana ɓata zubi. Soron ƙasa mai kaurin bango irin na Birni ya fi kowane ɗakin siminti a wannan lokaci. A cire soson, a yayyafa ruwa a ƙasan ɗakin, a rataya jiƙaƙƙen buhu a taga. In babu irin wannan ɗaki, gara a huta watannin nan biyu. Kason nan na 5/6 ba na bazara ba ne, wanda ya sa shi a lissafin Afrilu kansa ya yaudara.

Allon kansa ma ba a yarda da shi ido rufe. Kafin zubin farko a kunna injin babu ƙwai yini guda, a sa ma'aunin zafi na likita, irin wanda ake saye a farmasi, a daidai tsayin saman ƙwai, a gwada tsakiya da kusurwa huɗu. Bambancin rabin digiri tsakanin allo da ma'auni ba abin mamaki ba ne a irin waɗannan injuna, kuma da yawansu suna da wurin gyara shi, mai alamar CA. Kusurwoyi sukan fi tsakiya sanyi, don haka duk ranar da aka buɗe don dubawa a musanya wa ƙwan gurbi. Ranar fitowa ita ma shaida ce: in sun fara fasawa tun kwana na 19, zafi ya yi yawa; in sai 22 ko 23, ya yi kaɗan.

Danshi 50 zuwa 55 cikin ɗari ake so har kwana na 18, sannan 65 zuwa 70 a kwana ukun ƙarshe, lokacin da ake cire farantin juyawa a kwantar da ƙwan bisa raga, a daina buɗe murfi. Da hunturu da bazara iskar garin nan tana shanye ruwan kwaroron da sauri, sai an duba safe da yamma, da ruwa mai ɗumi-ɗumi. A Agusta kuwa wani lokaci kwaroro ɗaya ma ya yi yawa. Ma'aunin danshi na injin ya fi na zafi saurin ƙarya, ƙura da gashin 'yan tsaki na toshe shi. Sikeli ya fi shi gaskiya. Ƙwai ya kamata ya rasa kusan sumunin nauyinsa, 1/8, daga ranar zubi zuwa kwana na 18. Ka yi wa ƙwai 10 alama da fensir ka auna su tare. In giram 400 ne, a kwana na 9 su kasance wajen 375, a na 18 wajen 350. In sun fi haka sauƙi, ƙara ruwa. In sun fi nauyi, rage. Ɗan tsakon da ya cika halitta ya mutu a cikin ɓawo, jikinsa jagab, danshi ne ya yi yawa tun farko. Wanda ya huda ya maƙale, fatar ciki ta bushe ta manne masa kamar takarda, danshi ne ya gaza a ƙarshe, galibi saboda ana ta ɗaga murfi ana leƙe, a nuna wa maƙwabta.

Ƙwan zabi yana zama a gurbin farantin ba matsala, kuma da damina, lokacin da zabi ke saka, shi ne ya fi kawo kuɗi. Sai dai kwanansa 26 zuwa 28, ana daina juyawa wajen kwana na 25, ɓawonsa mai kauri ne mai ɗige-ɗige, sai wajen kwana na 10 tocila ke nuna abin kirki. Kada a haɗa shi zubi ɗaya da na kaza a rana ɗaya; in dole ne, a riga sa na zabin da mako guda don su fito tare. Ƙofarsa ta uku ta fi ta kaza ƙunci, 'yan zabi ba sa jure sanyi da jiƙa a makonnin farko. In kason rayuwa ya sauka daga 4/5 zuwa rabi, 35 ɗin nan sun koma 17 ko 18. Ƙwai a baka ya fi kaza a akurki, in ji Hausawa, kuma mai injin da bai tanadi kwali mai ɗumi na wajen digiri 33 zuwa 35 a makon farko ba, da mazubin ruwa marar zurfi, da rigakafin cutar Niyukasil wurin likitan dabbobi, da ma ƙwan ya soya.

Sauran ƙananan abubuwa. Murfin gajere ne, 'yan tsaki talatin da wani abu suna cika shi maƙil suna mirgina ƙwan da bai fasa ba. A bar su su bushe, a kwashe su sau ɗaya ko biyu, ba ɗaya-ɗaya ba. Wanke shi yana da wuya saboda fanka da wayoyi duk a murfi suke, sai da busasshen buroshi. Ƙasan ne ake wankewa da ruwan jabel a shanya. Allon lantarkinsa ba ya son wutar da ke dawowa da ƙarfi, na'urar daidaita wuta ta fi sabon allo araha. A rubuta ranar zubi a bango da alli, kada a dogara ga ƙidayar allo.

A shago, kafin a miƙa kuɗi, a sa mai kaya ya kunna shi. A jira zafi ya hau ya tsaya da kansa. A danna maɓallin gwajin juyawa a ga layukan nan bakwai sun karkata gaba ɗaya, don moton juyawa shi ne yakan fara mutuwa, kuma yana iya tsayawa kwana uku ba a lura ba. Shi ya sa ake zana gicciye a gefen ƙwai ɗaya a riƙa duba ko ya sauya wuri. A gwada bakin batir a nan take. A tambayi ko yana da moto da fanka da ma'auni na canji, da kuɗin kowane, a kuma ji a bakinsa gaban shaida ko zai karɓa in ya ƙi aiki a makon farko. Zubin farko kuma kada a cika shi da ƙwan dala 30: ƙwai 20 na gida sun isa a gane halinsa, a rubuta nawa ne masu ɗa, nawa suka fasa, a wace rana, nawa suka kai mako 8, a fara shafin farko na littafin.